Gwangwanin Ƙarshe na Mijin Kaka

Goggona ta Manchok ta fara kuka tun daga bakin kasuwa, kafin ma ta sauko daga mota. Da kunnena na ji ta daga tsakar gidanmu, alhali tafiyar da ke tsakanin gidanmu da kasuwar Kafanchan takan sa mutum ya nemi ruwa. Da ta iso ƙofa sai ta tsaya, ta gyara ɗankwali, ta tambaye ni ko an ɗora tukunya, sannan ta ɗora kukanta daga inda ta ajiye shi.

Matan zumunta na cocinmu sun zo da tulunan kiɗa, suka zauna ƙarƙashin mangwaro suna waƙa a hankali. Ma'aikatan tashar jirgin ƙasa sun zo su shida, kowa da hularsa a hannu. Masu citta sun zo daga Zangon Kataf da ƙanshinta a jikinsu. Wani tsohon Bafulatani ya ajiye ƙwaryar nono a bakin ƙofa, ya daɗe a tsaye, ya juya ya tafi. Jirgin Jos da ya wuce da rana ya yi ta busa har ya ɓace. Babana ya ce saniya ce a kan layi. Ni na ce gaisuwa ce, kuma har yanzu ban janye ba.

Fasto ya sha wahala wajen addu'a. Sunan mamacin ya kai jirgin kaya tsawo, kuma tun da ya zo garin nan ba wanda ya taɓa kaiwa taragon ƙarshe. Sau uku Fasto yana ɗauko sunan yana faɗuwa a tsakiya. A ƙarshe ya ce, "Ya Ubangiji, ka san wanda muke nufi. Mijin Mama." Kowa ya ce amin da ƙarfi, don an huta.

Babban Kaka, wato wan marigayi kakana na ainihi (shi kakan nawa ya rasu tun ba a haife ni ba), shi ne tsohon gidanmu, kuma idanunsa sun daina gani. Da aka gaya masa rasuwar, ya ce, "To. Ya tafi bai ba ni haƙuri ba." Can kuma ya ce a juya masa kujera ta fuskanci ɗakin da gawar take. Haka ya wuni.

Kaka, matar mamacin, ba ta yi kuka ba. Ta zauna a tabarma ta miƙe ƙafafu, da wani gwangwani mai faɗi kamar faranti a cinyarta, ta rufe shi da gefen zane.

Ni kuwa jika ce, kuma a wurinmu idan tsoho ya tafi aikin jika shi ne ta hana gida nutsewa. Na sa malfarsa da gajeren wandonsa, na cusa matashi a ciki, na yi ta zagaya masu makoki ina leƙensu ta tsakanin yatsuna kamar yadda yakan yi. Na tsaya gaban Goggo na ce, "Sake! Sake kukan, rana ta shiga gajimare!" Mutane suka yi ta dariya da hawaye a fuska. Sai da na cire malfar na ji warin tabarsa a ciki, sannan na zaga bayan rumbu. Abin da na yi a can ba na jika ba ne, don haka ba zan rubuta ba.

Babana malamin makaranta ne. Ya ce tunda bakina ba ya hutawa, in zuba surutun a takarda don kada a manta da mutumin. Ga shi na zuba. Amma sai na fara da gwangwanin da ke cinyar Kaka, domin duk duniya a cikinsa kaɗai fuskar mijinta ta rage. Mutumin da ya yi shekara arba'in yana ɗaukar hoton mutane bai bar hoton kansa ko ɗaya ba, sai ɗan guntun fim ɗin da ke cikin wannan gwangwani, wanda ba a riga an wanke ba. Fim da ba a wanke ba kuwa, idan haske ya taɓa shi, ya mutu. Mu kuma a gidanmu, ranar rabon kayan mamaci, ba a barin komai a rufe.

Mijin Kaka Bagirke ne. Matan coci suna ce masa Bahelene, kuma da farko sun yi mamaki ƙwarai, don sun ɗauka Helenawan da ake ambata a wa'azi sun ƙare tun zamanin manzanni. A ƙasarsu fim yake yi. Shi ke rubuta labarin, shi ke tsayawa ya ce ke tsaya nan, kai faɗi can, shi ne kuma mai nemo abin da za a ciyar da jama'a da abin da za a zuba wa kyamara.

"Ni mutum uku ne, Jika," yakan ce mini da Hausarsa mai tuntuɓe. "Mai rubutu yana son teku da jirgi goma. Mai umarni yana son a jira rana. Na ukun yana son ya shaƙe su duka biyu."

Na sha kama su ukun suna faɗa a bayan ɗaki da hantsi, da harshensu, har da nuna wa juna yatsa. Yawanci na ukun ne ke shan kashi.

Fim bakwai ya yi a can. Ya ce na farkon ya cinye gonar zaitun ta uwarsa, kuma uwar ta je kallo ta yi barci tun kafin a kai rabi. Na bakwai kuma ya zo daidai lokacin da sojojinsu suka karɓi mulki. Suka sa masa almakashi, suka yanke duk inda mutum ya buɗe baki, har abin da ya rage teku ne da wani jaki. Ya ce jakin ya yi ƙoƙari, amma shi kaɗai ba zai iya ba. Sai ya ɗauki kyamararsa ya bi wani ɗan ƙasarsu da ke sayen citta kusa da tasharmu. Daga baya wancan ya koma gida, shi ya zauna.

Kaka ce dalili. Tana sayar da kunu a tasha, 'ya'yanta duk sun girma. Kwana uku yana tsayawa daga nesa yana leƙenta ta tsakanin yatsu. Rana ta huɗu ta ɗaga ludayi ta ce, "Bature, in kunu kake so kawo kofi. In maita ce, matsa gaba, namana ya yi tauri." Ya kawo kofi. An ɗaura musu aure a coci a shekarar da motoci suka koma bin hannun dama, shi ya sa Goggo take cewa a shekarar nan komai ya juya.

Ya tare a gidanmu da akwati biyu. Man ja yake zuba wa komai, har da gwanda, wai yana tuna masa man gida in ya rufe ido. Ba ya wuce kare bai gaishe shi ba. Da damina yakan tashi da sassafe ya tsaya a bayan gida yana kallon duwatsun Kagoro, lokacin da hazo ya cika kwari, kawunan duwatsun kaɗai suka fito. Wata safiya na je na tsaya kusa da shi.

"Kin gani?" ya ce. "Teku ya zo gaishe ni. Waɗancan tsibirai ne. A wancan ƙaramin aka haife ni."

"A can birai ne kawai, Kaka."

"Daidai. Dangina ke nan."

Ban taɓa ganin teku ba. Amma ya koya mini in shiga gonar acha in rufe ido in jira iska. Ya ce haka yake, sai dai a can akwai gishiri a leɓe. Tun daga nan, duk lokacin da aka aike ni korar tsuntsaye, tafiya nake yi mai nisa a cikin jirgin ruwa, tsuntsaye kuma su ci rabonsu.

Fim na takwas a nan ya fara shi, bai kuwa gama ba. Labarin wani mutum ne da ya dawo gida a jirgin ƙasa bayan shekara talatin, ya hau dutse ya tarar ƙauyensu ya sauko ƙasa ya bar shi. Ya rubuta shi a littattafan makaranta da rubutunsu mai kama da ƙugiyoyin kifi. Duk unguwarmu ta shiga ciki, ladan kowa kuwa kwanon pate. Kyamarar ana wana ta kamar agogo, ta yi 'yar ƙara kamar gyare, kafin ka gama gyara tsayuwa ta tsaya. In gwangwani ya cika sai ya naɗe bakinsa da baƙin tef, ya sa shi a jirgin Legas, daga can a wuce da shi ƙasar waje a wanko. Bayan watanni ya dawo. Sai a aro majigi daga makarantar babana, a toshe tagogin sito na citta da buhuna da rana tsaka, a rataya zanen gadon Kaka. Shi ya sa ni har gobe in na ji ƙanshin citta sai in ga mutane suna tafiya a bango.

Akwai wata tsohuwa daga wajen Kasuwan Magani da ɗanta ya tafi yaƙi bai dawo ba. Ashe a farkon zuwansa, mijin Kaka ya ɗauki jirgin sojoji yana tashi daga tasha, don kawai hayaƙin ya ba shi sha'awa. Wata rana ana nuna wannan wurin sai tsohuwar, wadda ta biyo wata 'yar'uwarta kallo, ta miƙe ta tafi har jikin zanen ta ɗora hannu. Wani saurayi ne a tagar jirgi, ya ɗaga hannu, ya juya yana yi wa na bayansa magana. Bai fi ƙiftawar ido uku ba. Mijin Kaka ya mayar baya ya sake. Ya mayar ya sake. Ya sallami sauran jama'a. Tun daga ranar, duk lokacin da ta sami mota ta zo, sai ya bar abin da yake yi ya je aron majigi ya ɗauko a ka. Takan zo da dafaffen rogo, ta ajiye kaɗan a gindin zanen. Bai taɓa ce mata hoto ba ya ci ba.

Ni ce kuma na taɓa yi masa ɓarna. Ina shekara goma, na ga gwangwani mai baƙin tef a kan tebur, na ce bari in leƙa in ga Goggo tana rawa, tunda jiya aka ɗauke ta. Na fita da shi rana don in gani da kyau. Ban ga kowa ba, wani zare ne mai ruwan toka. Da ya shigo ya gani, bai daka mini tsawa ba. Ya zauna a bakin gado.

"Suna ciki, Jika," ya ce, "amma barci suke, ido a buɗe. Kin haska musu rana. Sun tafi."

Goggo ba ta san wannan ba sai yau. Goggo, ki yi haƙuri, rawar da kika yi da sabon zane ni na kashe ta.

Rigimarsa da Babban Kaka ita ma daga fim ta tashi. Ya sa shi ya fito a matsayin sarkin ƙauye, ya ɗinka masa babbar riga. Aikinsa kawai ya fito daga ɗaki ya gaida baƙo. Ya fito ya gaishe shi. Mijin Kaka ya ce a sake, kaza ta gitta. Ya sake. A sake, ya kalli kyamara. A sake, rana ta ɓuya. Ni na ƙirga, sau goma sha tara. A na ƙarshen Babban Kaka ya ce wa baƙon, "Kai, in ba ka ji gaisuwar nan ba ka koma inda ka fito." Bai huce ba kuma aka gaya masa gobe sarki zai mutu, zai kwanta a tabarma mata su yi kuka a kansa.

"Ina raye," ya ce, "ina cin tuwo malmala biyu, wani ya taso daga bayan teku ya shirya mini makoki?"

Ya tafi abinsa. Shekara biyar ba su yi wa juna magana ba. Amma kullum da yamma suna ƙarƙashin mangwaro ɗaya, kujera kusa da kujera, ni a tsakiya kamar gidan waya.

"Gaya wa Bahelenen nan hayaƙinsa ya dame ni."

"Gaya wa sarki a littafina ya daɗe da mutuwa, matattu ba sa jin hayaƙi."

Ni kuma in ƙara gishiri a hanya, don aikin ba albashi.

A cikin waɗannan shekaru ne idanun Babban Kaka suka dushe. Ba wanda ya sa mijin Kaka, amma kowace safiya sai ya bi 'yar hanyar da ta taso daga ɗakin tsohon zuwa gindin mangwaro, yana tsince duwatsu da ɓawon mangwaro. Saƙonninsa ma suka sauya.

"Gaya wa sarki yau gajimare tumaki uku ne, ɗaya ta karye a ƙafa, sauran suna jiranta."

"Gaya masa ƙarya yake."

Sai kuma ya ƙara da cewa, "Tambaye shi, ta tashi?"

A daminar bara ciwo ya kama mijin Kaka. Cikinsa da nake kwaikwaya da matashi ya zube, wandonsa sai da igiya. Wata yamma bayan ruwa ya ɗauke, ya ce mu raka shi gonar acha, ni da Kaka. Na ɗauko kyamara ina tsammanin hazo zai ɗauka. Sai ya sa na wana ta, ya karɓa, ya ɗora a hannun Kaka.

"Shekara bakwai ina kallonki ta nan," ya ce. "Yau ke ki kalla."

"Ni da ko zare ba na iya sawa a allura?"

"Ki sa ni a tsakiya kawai. In na fita, ki bi ni."

Ya shiga cikin achar a hankali. Kaka ta manna ido, ta danna inda ya nuna mata, gyaren ya fara kuka. Ni ban san abin da ta gani ba, don ina can ina riƙe da gwiwar hannunta kada ta yi rawa. Da muka dawo ya naɗe gwangwanin da tef, ya ce sai ya ji sauƙi zai kai tasha da kansa. Bai kai ba.

Bayan an binne shi aka yi zaman dangi. Mijin Goggo ya ce kayan baƙo ba a raba su, a ɗaure a kai wa hukuma ta nemi danginsa. Babban Kaka ya buga sanda a ƙasa.

"Wa ye baƙo? Mutumin da ya ci tuwon gidan nan shekara bakwai, ya ɓata mini rai kamar ƙanena na ciki ɗaya? Za a raba kayansa kamar na kowane ɗan gida."

A nan ne Kaka ta yi kukanta na farko. Abin da take so ke nan tun ranar da ta kawo shi, a ce nasu ne. Sai da muka shiga ɗaki na ce, "Kaka, gwangwanin fa?" Ta tsaya da share hawayen.

Ga yadda ake yi a gidanmu. Ana shimfiɗa tabarmi a tsakar gida da rana, a fito da komai na mamaci, a buɗe kowane akwati, kowane ƙulli, kowace aljihu, a gaban kowa. An ce a zamanin kakanni wani ƙulli da aka bari a ɗaure ya raba gidan nan biyu, har yau ɗaya rabin ba sa zuwa bikinmu. Ɓoyewa kuma ba ta yiwuwa, don Goggo ta ga gwangwanin ranar makoki, wato duk Manchok ta gani. Wasu sun ce zinariya ce. Wasu sun ce gashin uwarsa ne. Wasu sun ce maganin da ya kama Kaka da shi ne.

Ranar rabo rana ta fito kamar an biya ta. Babban Kaka yana kan kujerarsa, duk abin da aka fito da shi sai a ɗora masa a hannu ya shafa, ya faɗi mai shi. Takalma suka tafi wurin mijin Goggo, wanda zai iya kwana a cikin ɗaya. Littattafan ƙugiya da gwangwanayen da aka riga aka wanke aka ba babana ajiya, bayan an buɗe su ɗaya bayan ɗaya an ɗaga wa rana, kowa yana neman kansa ɗan mitsitsi. Malfa tawa ce, na riga na sa ta a kai, ba mai iya cirewa.

Sai aka zo kan na cinyar Kaka.

Babana ya miƙe ya gyara murya ya fara bayani a kan haske da sinadari. Goggo ta ce, "Malam, ba a aji muke ba. Zauna." Ya zauna, don yayarsa ce.

"Mama, ba mu ce kin ɓoye komai ba," in ji mijin Goggo. "Amma in ɗan gida ne, a buɗe. In kuma ba za a buɗe ba, to, a mayar da takalman nan, a ɗaure komai, mu san baƙo muka binne."

Ba mugunta yake yi ba, haka abin yake. Kaka ta dubi gwangwanin, ta dubi Babban Kaka. Na ga babban yatsanta ya fara neman bakin tef ɗin. Na san abin da ta zaɓa, kuma na san yadda zaren nan mai ruwan toka yake idan mutanen ciki sun tafi.

Goggo kuwa ba ta iya zama hannu banza, tana can tana kakkaɓe gindin akwati. Sai ta ɗago wani baƙin abu ta ware shi.

"Jama'a, ku ga rigar Turawa! Hannu biyu, ba wuya. Ta wanda aka yanke wa kai ce?"

Aka fashe da dariya. Ni ban yi ba. Jakar da yake zura hannuwansa ciki ce idan zai sa wa kyamara fim a fili, haske ba ya shiga. Yara ba sa magana a wurin rabo, amma malfar mamaci tana kaina, na ce da bakinsa zan yi. Na faɗi amfaninta da sauri, har ina haɗiye rabin kalmomin.

"Uhm," in ji Goggo. "A buɗe a cikin jaka, ba wanda ya gani. Wannan buɗewa ce?"

Babban Kaka ya juyo da fuskarsa wajen muryarta.

"Ke, tun safe nake raba kayan nan. Wanne na gani? Takalmin da mijinki ya rungume, da ido na ba shi?" Ya ɗaga tafin hannunsa. "In hannuna ya isa shaida a kan takalmi, ya isa a kan wannan. Jika, kawo rigar marar kai."

Na sa gwangwanin a ciki na zuge. Na zura masa hannuwa. A nan na ga matsala: hannuwansa sun rame kamar kara, robar bakin jakar kuma ta saki, akwai 'yar kafa. Kafin in yi magana Kaka ta cire mayafinta ta naɗe masa a wuyan hannu. Wata daga matan zumunta ta yafa nata a kai. Wata ta ƙara. Goggo ta yi tsaki, ta kwance na saman zanenta ta ɗora. Babban Kaka ya koma kamar tulin wanki mai kai.

"Ka ɓare tef ɗin a hankali, Kaka. Ka ɗaga murfin. Kada ka ja komai."

"Ke za ki koya mini buɗe gwangwani?"

Muka ji ɗan ƙaras. Tsakar gida ta yi tsit, har kajin. Tulin zannuwan yana motsi kaɗan kaɗan. Ya daɗe, ya daɗe ƙwarai, fiye da yadda ake buƙata don a san zare ne.

"Zinariya ce?" Goggo ta tambaya da ƙaramar murya.

"Zare ne a naɗe. Sanyi gare shi." Ya ƙara shafawa. Sannan ya sunkuyar da kai wajen jakar, ba ta bakina ba, ba ta bakin kowa ba, ya ce, "Kai, Bahelene. Ka rame."

Muka ji murfin ya koma. Ya sa na lalubo tef ɗin ta waje na danna masa har ya zagaye. Ya zaro hannuwansa.

"An buɗe a tsakar gida, da rana, a gaban kowa. Abin da ke ciki ba ya rabuwa. Na matarsa ne."

Babana ya kwafi adireshin masu wankin fim daga tsohon ƙunshi, muka sa gwangwanin a jirgin Legas. Wata huɗu ba wanda ya san ko haske ya shiga. Kaka ta koma kai kunu tasha, ita da ta daina tun tuni, wai gida ya yi mata shiru.

Fim ɗin ya dawo makon jiya. Muka toshe tagogin sito, muka rataya zanen gado. Mutane sun cika har ƙofa. Babban Kaka ya sa aka kai shi layin gaba, ya ce in zauna kusa da kunnensa in gaya masa komai, kuma in na ƙara gishiri zai sani.

Da farko fari fat. Sai farin ya ja gefe, acha ta fito tana kaɗawa, ga mijin Kaka a tsakiya, ya ba mu baya, yana tafiya kamar mai shiga ruwa. Hasken ya ɗan shiga, ashe. Ya tsaya a gefen dama kamar hazo, yana matsowa yana komawa, amma bai kai gare shi ba. Hoton yana rawa kaɗan, numfashin Kaka ne. Sau ɗaya ya fita daga zanen, aka ga sama kawai, mutane suka ce "Wayyo!" Sai ta bi shi ta samo shi.

Ina faɗa wa Babban Kaka duk wannan a kunne, kuma karo na farko a rayuwata na rasa abin da zan ƙara.

"Yanzu fa?"

"Ya tsaya. Yana shafa kan achar da tafin hannu."

"Yanzu fa?"

"Yana juyowa. Iska ta ɗaga masa gashi. Yana dariya, Kaka, wata magana yake yi amma ba a ji."

"Yanzu fa?"

"Ya daina magana. Kallonmu kawai yake yi."

Babban Kaka ya miƙe zaune, ya tattara sandarsa tsakanin gwiwoyi, ya ɗaga haɓa wajen zanen.

"To, me kike jira? Gyara mini hula."

Na gyara masa.

Allah ya hutar da kai, mijin Kaka. Mun gan ka.